Takalmi Ɗaya a Gonar Khawaja Ramzi

A Kafar Dalya in ka kira sunan Tanyus ba wanda zai waiwayo, har shi Tanyus ɗin. Abu Milad kowa ya sani, sunan da ya samo daga ɗansa na fari, wanda ya tafi Kanada ya bar wa uban sunan da hotunan jikoki a jikin firji. Dogo ne siriri, gashin bakinsa na riga shi shiga ɗaki, muryarsa kuwa ta tsallaka kwari ce. Ko ina kwana zai ce maka a hankali, sai karnukan unguwar ƙasa sun amsa.

Tsaron inabi ya gada. Ubansa natur ne, kakansa ma haka, wato mai tsaron gonakin inabin ƙauye gaba ɗaya. Da inabi ya fara sauya launi a tsakiyar zafi, sai a kafa wa natur rumfa a kan tudun da ke leƙen dukan kwarin Bika'a ta wajenmu: dogayen dirkoki, tsani, da rufin ganye. In ya hau, ba shi ba katifar gidansa sai an tsinke nonon inabi na ƙarshe. Kayan aikinsa usur, gora, tulun ruwa da ido. Bayan kaka kowane mai gona ya aiko masa da abin da ya sauƙaƙa, wani alkama, wani zabibi, wani zumar inabi. Tanyus bai cika ashirin ba ubansa ya rataya masa usur ɗin a wuya, ya ce idonsa ya fara ɗaukar jaki a matsayin mutum, kuma ya gaji da ba jakuna haƙuri.

Aikin yana da doka. Ba a rubuce take ba, amma ko akuyar garin ta san ta. Duk mai wucewa, ɗan gari ko baƙo, yana da ikon ya shiga kowace gona ya ci inabi a tsaye har cikinsa ya ce ya isa. Natur ba zai hana shi ba, shi ne ma zai nuna masa layin da ya fi nuna. Amma wanda ya fita da ko nono ɗaya, a kwando ko a aljihu ko a cikin riga, wannan ɓarawo ne. Hukuncinsa ba duka, ba zagi. Natur zai cire masa takalmi ɗaya, ya kai wa mai gonar hannu da hannu kafin rana ta faɗi, ya faɗi abin da ya faru ba ragi ba ƙari. Mai takalmi in yana son kayansa, ya ratsa dandalin gari yana ɗingishi ya je ya roƙa. Mai gona zai ja masa rai, ya ba shi gahawa, ya ba shi takalminsa, sau da yawa har da kwandon inabi don kunyar ta cika. Rabin dattawan da yau ke zaune a layin gaba a coci suna gyaran murya sun taɓa yin wannan tafiya. Limamin cocin ma sau biyu ya yi ta yana yaro, kuma har yau in ya haɗu da Abu Milad sai ya ɗan ja ƙafarsa ƙarƙashin riga.

Da dokar nan ya yi aure. Wata yamma ya hango Salma 'yar Abu Jirjis ta fito daga gona da nono biyu a cikin gyale. Ya sauko ya tare ta.

"Gonar ubana ce fa, dogon banza," in ji ta.

"Dokar ba ta ce ban da 'yar mai gona ba. Miƙo."

Ta cire ta jefe shi da shi. Ya cafe, ya kai wa ubanta, ya zauna ya sha gahawa, ya ƙara wata, bai tashi ba sai da uwar yarinyar ta fara sharar tsakar gida ta wajen ƙafafunsa. Kafin kaka ta zagayo an yi biki. Har ta bar duniya, in suka yi faɗa cewa take, "Da na sani da na bar maka takalmin na tafi gida da ƙafa ɗaya." Shi kuma ya ce ai ɗayan ma da zuwa zai yi ya karɓa.

Sai duniya ta yi abin da ta saba. Yaƙi ya zo ya wuce, ya sake dawowa. Samari suka watse, wasu Brazil, wasu Ostireliya, wasu Afirka. Tsofaffi suka mutu, magada suka sayar da gonaki ta waya ba tare da sun san inda iyakarsu take ba. Masu kuɗin Beirut suka saye, suka tumɓuke tsofaffin kurangun inabi masu manyan 'ya'ya, suka dasa na giya, ƙanana masu kaurin fata, a jere kamar sojoji, suka zagaye da shingen waya. Ba wanda ya kori natur. Wata shekara ce kawai ta zo ba a kafa rumfa ba, ta bayanta ma haka, shi ke nan. Umm Milad, wato matarsa Salma, ta rasu, gwiwoyinsa suka bi bayanta. Tudun nan da yake hawa da tulu a kafaɗa yana waƙa ya koma abin kallo daga bencin ƙofar shagon aski. Ya daɗe a bencin nan. Ana hira yana hira, yana ma fin kowa, amma kullum a gefen da ke fuskantar tudun yake zama, kuma ba wanda ya taɓa tare masa wurin.

Zalfa ce ta tashe shi, 'yar ƙanwarsa, wadda ta gaji da Beirut ta dawo da mota cike da kekuna masu batir. Shirinta ta riƙa kawo baƙi su yini suna zagaya gidajen matsar inabi a kan keke, suna ɗanɗana giya, su ci abincin rana, yamma ta yi a mayar da su. Abu Milad ya zagaya keke ɗaya hannu a baya kamar mai taya jaki a kasuwa.

"Wannan na marasa lafiya ne ko na malalata?"

"Na masu gwiwa irin taka ne, Kawu. Hau."

"In cajin ya ƙare a hanya ni zan goya shi?"

"Kai dai hau."

Ya hau don ya nuna mata abin banza ne. Ya taka sau ɗaya, keken ya ɗauke shi kamar an tura shi ta baya. Masu bencin aski suka ga ƙeyarsa ta sha kwanar coci, ba su sake ganinsa ba sai la'asar. Da ya dawo idonsa ja wur. Ya ce iska ce. Ya gaya wa Zalfa birkin ba shi da kyau, sirdin na yara ne, sannan ya tambaye ta gobe da wane lokaci ake tashi.

Haka ya zama jagoran baƙi, kuma aikin ya karɓe shi. Da safe a dandalin coci a raba wa kowa hular kwano da gurasa da zafinta mai barbaɗen za'atar, garin ganye mai ƙamshi da riɗi, shi a gaba da tsohon usur ɗinsa a wuya, su a baya kamar 'ya'yan agwagwa. Ba ya bin kwalta. Ta hanyoyin jakuna yake ratsawa da su, yana gaya musu gonar wane ce wannan kafin ta zama ta kamfani, su wa suka daina gaisawa saboda ruwan wancan rafi, a gindin wane ɓaure aka kama dagaci da abin da ba nasa ba. Rabin labaran gaskiya ne. A gidajen matsa kuwa, inda ake sauka da baƙi ɗakunan ƙarƙashin ƙasa masu sanyi cike da gangunan giya, shi a bakin ƙofa yake tsayawa. Abu ɗaya ya kasa sabawa da shi: a zuba wa mutum giya, ya jujjuya kofi, ya cusa hanci, ya kurɓa, ya kuskure baki, sannan ya tofar a bokiti a gaban wanda ya ba shi.

"A zamaninmu," yakan ce, "wanda ya tofar da abin da ka ba shi, sai dangi sun shiga tsakani."

Zalfa ta yi ta bayani cewa in ba su tofar ba a rami za a tsince su da kekunanta. Ya ce ya ji, amma su riƙa juya baya.

Akwai kuma zangon da ba ya cikin tsarin Zalfa. Hanyar zuwa gidan matsa na ƙarshe, inda ake cin abincin rana, ta kan tudunsa take bi. Saman tudun har yau na gari ne, amma gangaren duk ya zama na Khawaja Ramzi, mutumin Beirut mai wannan gidan matsar, kuma shingensa yana da ƙofar tarakta da ba a ɗaure ta sai da zaren waya. Lokacin nunar inabi, Abu Milad yakan tsayar da baƙi a inda rumfarsa take a da, ya karanta musu doka, ya kwance wayar ya ce su shiga. A ganinsa bai yi komai ba. Mai gona ne ya sauya, gonar tana inda take.

Khawaja Ramzi ya gani a hotunan da baƙi ke sawa a waya: mutane tsamo-tsamo a tsakiyar gonarsa, baki ya rine, suna dariya. Ba mugun mutum ba ne. Yana fesa magani, yana da masu auna amfanin kowane layi, yana kuma tsoron ranar da wani zai kwanta asibiti ya ce inabinsa ne. Ya yi magana cikin ladabi, ya sake yi. Daga ƙarshe ya gaya wa Zalfa in aka kuma, ƙofarsa a rufe take ga kekunanta. Duk wanda ya san tafiyar kuwa ya san abincin gidan Ramzi ne ke jawo mata mutane.

Ta sami kawun nata a tsakar gida yana ba tumatir ruwa.

"Kawu, ba wasa ya kawo ni ba."

"Na gani, ko gaisuwar a tsaye kika yi."

"In ka sake buɗe ƙofar nan, ko ya rufe mini gida ko bai rufe ba, zan karɓi makullin keke. Da bakina nake gaya maka, don kada ka ji a bakin wani."

"Uwarki ta ci inabin gonar nan har ya ba ta zawo, ba wanda ya kira lauya."

"Uwata ba ta da ma'aikatan da ke ci a hannunta."

Ruwa na ta zuba a gindin tumatir ɗaya. Ya san abin da makullin nan yake nufi: komawa benci, da kallon tudu daga nesa har ranar da za a ɗauke shi a wuce da shi ta ƙasansa. Ya kama gashin bakinsa, wanda a wajen mutanenmu ya fi sa hannu a takarda.

"Na ɗauki alkawari. Ko waiwaya ba zan yi ba."

"Waiwayar ka yi abinka. Tsayawa ce ba na so."

Ya kuwa riƙe alkawari. Duk zafin nan yana wuce tudun da gudu kamar kare ya biyo shi, baƙi na haki a baya suna tambaya ko ba za a tsaya a ɗauki hoto ba.

Sai tafiyar ƙarshe kafin a fara tsinka. Cikin baƙin ranar akwai Dakta Gassan, likitan haƙori daga Beirut, mai tumbi da fararen takalma sababbi fil, wanda tun a gidan matsa na farko aka lura ba ya cikin masu tofarwa. Akwai kuma wata dattijuwa mai gajeren farin gashi, Larabcinta na da ne, irin wanda aka tafi da shi aka ajiye a ƙasan akwati. Tun a dandalin coci ta tsaya tana kallon usur ɗin wuyansa.

"Kai ne Tanyus natur," in ji ta.

"Wace ce ke kiran matattu da sassafe?"

"Wadad. 'Yar Ilyas maƙeri, na bayan rijiya."

Ya sunkuyo ya ƙare mata kallo. "Mai kitso biyu? Wadda ta cije ni a hannu?"

"Takalmin bikin Ista ka cire mini, sabo. Me kake so in yi, in yi maka godiya?"

"Tun ranar na ce ƙasar nan ta yi wa yarinyar nan kaɗan. Ina aka kai ki?"

"Brazil. Rabona da garin nan tun ranar da Baba ya rufe maƙera muka fita."

Jiya ta iso, in ji ta. Ta nemi gidansu ta tarar ana ajiye motoci a wurin. Ta nemi mutane, ta same su duka a jere a bayan coci, kowa da sunansa a kan dutse.

Da aka kama hanya ta jera kekenta da nasa, ba ta bar shi ya yi wa sauran baƙi ƙaryarsa ta kullum ba. Wannan gonar fa, ba ta su Nuha ba ce? An sayar. Babban ɓauren nan da ake lilo? An sare. Injin niƙa na bakin rafi? Ya zama wurin biki. Rijiyar? An rufe ta da siminti. Tun yana amsawa da barkwanci har barkwancin ya ƙare, ya koma ɗaga kafaɗa. A gidajen matsa biyu na farko ta kurɓa ta tofar kamar kowa, ta ce da daɗi, da muryar wanda ake nuna wa hoton jikan wani.

Suna hawan tudun, kekuna na ƙugi a hankali, kwarin na buɗewa a ƙasansu kore shar har gindin duwatsu, sai ta ce ba tare da ta dube shi ba:

"Dokar fa, Abu Milad? Ita ma an sayar?"

Tun safe bakinsa bai faɗi komai ba sai babu. Hannunsa ya matse birki kafin ya nemi shawararsa.

"Dokar tana nan," in ji shi.

Ya busa usur, kowa ya tsaya. Ya karanta musu doka kamar yadda ubansa ya karanta masa, ya ƙara da cewa kowa ya sa wayarsa a aljihu, wanda ya ɗauki hoto a ƙafa zai koma Beirut. Kyamarar tsaron da Khawaja Ramzi ya kafa a wannan kusurwa kuwa duk gari an san ta mutu tun dusar ƙanƙarar bara. Ya lissafa a ransa cewa ba wanda zai sani. Ya kwance wayar ƙofa.

Wadad ta shiga kamar mai shiga coci. Ya nuna mata layin da rana ta fi duka. Ta tsinko, ta sa a baki, ta tauna, ta ɓata fuska.

"Ba shi ba ne."

"Na sani."

"Duk ƙwaya, fata kamar ta jaka. Ina manyan nan masu ruwan zuma?"

"Sun tafi tare da ku. Wannan na giya ne."

Ba ta yar ba. Ta ci gaba da ci, ruwan na bin hannunta har gwiwa, tana tofar da ƙwaya ta gefen baki yadda ba a yi a Brazil. Can ta ce, "Amma a tsaye nake, a gonar da ba tawa ba, natur na kallona." Ta goge baki da bayan hannu. "Wannan dai shi ne."

Ya juya ya yi kamar yana duba birki.

Da aka fito kowa ya kama kekensa, sai idon Abu Milad ya yi aikin da ya saba, ya bi hannaye, ya bi aljihu, ya tsaya a kwandon keken Dakta Gassan. An rufe kwandon da rigar sanyi, rigar kuma tana ɗiga.

"Dakta, rigarka na zubar da jini."

Likitan ya yi dariya irin ta wanda ya ziyarci gidajen matsa biyu bai tofar ba. "'Yar tsarabar uwargida ce, Baba. In na biya ne, faɗi."

"Ba kanti na buɗe ba. Ɗaga ƙafarka."

Dakta ya zaci wani abu ya taka. Ya ɗaga. Abin da ya biyo baya ba wanda ya gan shi sosai, don hannun da ya yi wa yaran ƙauye guda wannan aiki ba ya jiran a kwance igiyar takalmi. Kafin likita ya sauke ƙafa, safarsa ce ta taka ƙasa.

Baƙi suka fashe da dariya, Wadad har da riƙe ciki. Abu Milad kuwa ya tsaya da farin takalmi a hannu, dariyar da ta fara zuwa masa ta koma. Sai yanzu ya tuna da ragowar dokar. Takalmi ba ya kwana a hannun natur.

Wadad ta ga fuskarsa ta matso. A taƙaice ya gaya mata maganar Khawaja Ramzi, da ta Zalfa, da ta makulli.

"Mayar masa," in ji ta ƙasa-ƙasa. "Mu cinye inabin a nan a tsaye, shi ke nan ba a fita da komai ba. Ni na sa ka, Tanyus. Mayar masa."

"Ba ni takalmina, tsoho," in ji likita, yana tsalle da ƙafa ɗaya. "Wasan ya isa. Ƙaya ce ko'ina a wurin nan."

Abu Milad ya dubi saman tudun. Ramukan dirkokin rumfa suna nan har yau in ka san inda za ka duba, ciyawa ta fi tsawo a cikinsu.

"Kin tambaye ni ko dokar tana nan, na ce miki tana nan," ya ce wa Wadad. "In na mayar masa, rabi na nuna miki, rabin mai daɗi. Na cire wa limamin coci. Na cire wa matata. Na cire miki kina kuka kina cizo. Sai a kan likitan haƙori zan fara yafiya?"

Ya jefa takalmin a kwandonsa, ya ɗora inabin a kai, ya busa usur. Haka aka gangara, natur a gaba, Dakta Gassan a can baya yana taka feda da safa yana ambaton sunayen manyan mutanen da ya sani.

A gidan Khawaja Ramzi an riga an shirya tebura a ƙarƙashin rumfar kuranga: zaitun, cuku, kibbe na niƙaƙƙen nama da alkama, nama na ƙamshi a kan garwashi, kofuna a jere suna ƙyalli. Zalfa na nan da motarta tana jira. Mai gida ya fito da fara'a zai yi maraba, sai ya ga dogon tsoho ya nufo shi kai tsaye, ya cire hular kwano, ya miƙo masa abu da hannu biyu.

"Khawaja, na buɗe ƙofar tarakta na shigar da baƙi gonarka. Duka sun ci a tsaye, ba su da laifi. Mai wannan takalmi ya fita da inabi a kwandon keke. Ga inabinka, ga takalminsa."

Ramzi ya riƙe takalmin kamar an damƙa masa ɗanyen kifi. "To me zan yi da shi?"

Wadad ce ta yi masa bayani, ba ta rage komai ba, har da jan rai da gahawa. Ramzi ya saurara, ya dubi takalmi, ya dubi likitan da ke maƙale a bakin ƙofa, sai gefen bakinsa ya fara motsi. Ya ja kujera ya zauna, ya ɗora ƙafa kan ƙafa, ya ajiye takalmin a tsakanin zaitun da cuku. Dole Dakta Gassan ya ratsa tsakar wurin yana ɗingishi a gaban kowa.

"Bawan Allah, me ke tafe da kai?" in ji Ramzi.

"Ka san abin da ke tafe da ni."

"Takalma da yawa ake kawo mini. Naka wane iri ne?"

Sai da likita ya siffanta takalminsa, ya amsa laifinsa, ya rantse da haƙoran uwargida ba zai kuma ba, kafin aka kawo masa gahawa. Ramzi har ya sa aka ciko masa kwali da inabi. Zuwa lokacin likitan da kansa ya fi kowa dariya, yana neman a ɗauke shi hoto da safa. Mutum ɗaya ce ba ta yi dariya ba. Zalfa na tsaye jikin mota hannu a harɗe.

Bayan an ci an sha, Ramzi ya ja ta gefe. Ya ce rabonsa da dariya irin wannan ya manta, kuma ƙofarsa a buɗe take ga baƙinta, amma da wani jagoran. Ta ce ba sai ya faɗa ba.

Da yamma a dandalin coci, bayan baƙi sun shiga mota, ta miƙa hannu. Ya zaro makullin ya sa mata.

"Kawu, da ka yi shiru da ban sani ba."

"Da ba ki sani ba."

"To don me?"

"Takalmin zan kai gida in ajiye a ina? A kan firji, kusa da jikoki?"

Ta juya makullin a hannu, ta kasa tafiya. "Ba abin da za ka ƙara?"

"Birkin har yanzu ba shi da kyau."

Washegari da safe ya shiga shagon aski, ya zauna a kujerar da ba ta benci ba, ya nuna gashin bakinsa. Mai aski ya ce hannunsa ba zai iya ba. Abu Milad ya ce ya rantse da shi ya karya, ba zai riƙa yawo da shaidar zur a ƙarƙashin hanci ba. Aka aske. Mako guda yara na wucewa ba sa gaishe shi don ba su gane shi ba, shi kuma ya ce bai san akwai iska haka a garin ba.

Ya yi sanyin wannan shekara a kan benci, a gefensa na kullum. Da dusar ƙanƙara ta narke daga kan duwatsu, Zalfa ta zo da wani tsohon keke da batirinsa ya gaji, ta jingina shi a tsakar gidansa kusa da tumatir. Ta ce ba na baƙi ba ne kuma, ita kuma ba ta da wurin ajiya, ya riƙe mata. Makullin na jiki. Ya ce gidansa ba juji ba ne. Ta ce ta sani, ta tafi.

Keken ba ya kai shi saman tudun. A tsakiyar hawa yake sarewa, sai su sauka su biyu, tsoho da keke, su lallaɓa juna har sama. Ƙofar tarakta yanzu da kwaɗo, kyamara ma an gyara. Sai dai a layin ƙarshe na sama, wanda ke bin hanyar gari, rassan da suka leƙo ta cikin waya ba a datse su ba, alhali ko'ina a gonar an yi musu aski tas. Khawaja Ramzi ya ce lalacin ma'aikata ne. Ma'aikata suka ce an hana su taɓawa. Abu Milad bai tambayi kowa ba.

Can za ka same shi in inabi ya fara launi, a tsakanin ramukan dirkoki, da lema ɗaure a jikin keke, da tulun ruwa, gashin baki ya dawo fari fat kuma ya fi na da faɗi. Sabon jagoran Zalfa an hana shi tsayawa a wurin, amma hawa ne, kekuna kan rage gudu da kansu, wani lokaci kuma sarƙar wani takan zame daidai nan ba dalili. In hanya ta bi da kai, miƙa hannu ka ci abin da ya leƙo waje, a tsaye, har ka ƙoshi. Inabin ƙanana ne, duk ƙwaya. Ka dai fita hannu wofi, don gwiwoyin natur ne kawai suka tsufa.